Kyautar Baki da Gonar Gado: Tarken Rikicin Fili a Ƙagaggun Labaranmu

Da wuya a sami mai karatun littattafan Hausa na zamani da bai taɓa cin karo da wannan labari ba. Attajiri ya rasu ya bar marayu da gidaje da gonaki. Wani baffa marar imani, ko kishiyar uwa mai bin bokaye, ya yi sama da faɗi da dukiyar, a kori marayu su shiga duniya. A yi ta shan wuya har littafi na uku, sannan sakayya ta sauko: azzalumi ya haukace, ko ya yi hatsarin mota, ko ya tona asirin kansa a gadon asibiti. Na karanta wannan zubi a littattafan haya ba adadi, na kuma gan shi a finafinai. Tambayar da wannan maƙala ta ɗauko ita ce: me ya sa rikicin filin da ke cikin labaranmu bai yi kama da wanda ke gaban alƙalai a Kano ba? Ra'ayina shi ne marubutanmu sun ɗora rikicin a kan mugun hali kaɗai, alhali rikicin da ya fi raba zumunci yakan tashi ne tsakanin mutanen kirki biyu, kowannensu riƙe da maganar uba guda. Tushensa kuwa, sau da yawa, kyauta ce da aka yi da baki a lokacin da ƙasa ba ta da tsada.

Birni ya zo ya sami gona

Kafin a shiga littattafan, ya kamata a dubi ƙasar da ake faɗa a kanta. Na tashi a ƙaramar hukumar Nassarawa, wadda ƙidayar 2006 ta ba ta mutane kusan 600,000. A cikinta rukunin masana'antu na Bompai yake, wanda shi ne ya fara kafuwa a Kano, kafin Sharaɗa da Chalawa su biyo baya a kudu maso yammacin birni. Duk inda aka kafa masana'anta sai ma'aikata su biyo, ma'aikaci kuma yana bukatar ɗakin haya. Ta haka unguwanni irin su Dakata da Kawaji da Tudun Murtala da Hotoro suka cika suka batse, gonakin gero da dawa suka koma fulotai, wasu awon gwamnati, wasu awon igiya. Abin da ya faru a nan ya faru a sauran kewayen Kano. Polly Hill, wadda ta yi nazarin manoman Ɗorayi a farkon shekarun 1970 ta kuma fitar da littafinta a 1977, ta tarar da mutane a cunkushe, gonaki ƙanana, gandu yana fama da ƙarancin ƙasa. Yau Ɗorayi unguwa ce a cikin gari.

Wannan sauyi ya taɓa ma'anar kalmomin da iyayenmu suka yi mu'amala da su. Bahaushe ya san gona ta hanyar gado da saye da kyauta da aro da jingina. Ya san gayauna, wato ɗan yankin da maigida ke ware wa ɗansa ko ƙanensa daga gandu domin ya noma wa kansa. Muddin amfanin gona dami ne na hatsi, babu wanda ya damu ya tantance ko gayauna kyauta ce ko aro, domin mai noma shi ke ci, iyaka kuma gamba ce ko bishiyar aduwa. Ranar da dillali ya zo ya ce gonar za ta fitar da fuloti goma sha biyu, ranar ce kowa ya fara neman sanin ainihin abin da marigayi ya faɗa, da gaban wa ya faɗa, da abin da yake nufi.

A kan wannan kuma sai doka ta ɗora nata nauyin. Tun daga shelar Turawa ta 1910 da dokar filaye ta Jihar Arewa ta 1962, ƙasa tana hannun hukuma. Dokar Amfani da Ƙasa ta 29 ga Maris 1978 ta danƙa dukkan ƙasar jiha a hannun gwamna bisa amana, ta shar'anta neman amincewarsa kafin mai takardar shaidar mallaka ya miƙa haƙƙinsa ga wani, ta kuma ba shi ikon karɓe fili domin amfanin jama'a, inda diyya ke bin abin da aka gina ko aka shuka. Saboda haka fili guda a gefen Bompai yana iya zama ƙarƙashin hukunci uku a lokaci ɗaya: abin da mai unguwa da dattawa suka shaida, abin da fiƙihu ya tanada, da abin da ke rubuce a ma'aikatar ƙasa.

Ayyuka uku da suka kusanci batun

Littafin Abdulƙadir Ɗangambo, Kitsen Rogo, ya fito a 1978, shekarar da aka kafa waccan doka. Jigonsa gargaɗi ne ga matashin da ya raina ƙauye ya tafi birni neman abin da bai ajiye ba. Tauraronsa, Ibrahim, ya faɗa cikin miyagun abokai, birni ya zame masa kitsen rogo. Littafin ya yi nasara wajen nuna ruɗin birni, amma ya ginu a kan wani zato da tarihi ya rushe, wato cewa ƙauye yana nan inda aka bar shi, gona tana jiran duk wanda ya tuba ya koma. Ga manomin kewayen Kano na wancan zamani, al'amarin ya sha bamban. Bai je birni ba, birni ne ya zo ya same shi a bakin kunya. Wanda kuma ya yi shekara ashirin yana aiki a masaƙa ko majema, in ya waiwayi gayaunarsa, yakan tarar ɗan'uwansa ya daɗe yana nomanta har ya ɗauke ta tasa. Hausawa sun ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Ɗangambo ya rubuta rabin farko na wannan karin magana, rabi na biyu yana nan ba a rubuta ba.

Balaraba Ramat Yakubu ta fi kusantar zuciyar batun a Alhaki Kuykuyo Ne na 1990, wanda Aliyu Kamal ya fassara zuwa Ingilishi aka buga a 2012. Rabi ta haifa wa Alhaji Abdu 'ya'ya tara, ta yi shekaru tana toshe ɓarakar gidansa da guminta. Da ya auro Delu aka sami saɓani, Rabi ce ta fita, domin gidan nasa ne. Babu marubucin da na karanta da ya nuna wannan gaskiya ƙarara kamar Balaraba: a gidan Bahaushe, mai mallakar bango shi ne mai gaskiya har sai an sami wanda ya fi shi ƙarfi. Wahalar Rabi ta neman matsuguni da sayar da abinci don ciyar da yara ita ce ƙashin bayan littafin, kuma an zana ta ba tare da ƙawa ba. Inda nake da ja shi ne hanyar warware sarƙaƙiyar. Gobarar kasuwa ce ta durƙusar da Alhaji Abdu. Sunan littafin ya riga ya yi alkawarin haka, marubuciyar kuma ta cika alkawari. Sai dai gobara ba ta amsa tambayar da labarin ya tayar ba: mene ne haƙƙin matar da ta ƙarar da ƙuruciyarta a gidan da ba sunanta a kai? Da wuta ba ta tashi ba, da Alhaji Abdu yana nan daram. Mai karatu ya sami sanyin zuciya, amma bai ƙaru da sanin inda Rabi ta gaba za ta tsaya ba.

Na uku wasan kwaikwayo ne na talabijin, Gidan Badamasi, wanda Falalu Ɗorayi ya ba da umarni, tashar Arewa24 ta fara nunawa a 2019. Alhaji Badamasi tsoho ne mai dukiya da maƙo, yana da tarin 'ya'ya daga uwaye daban-daban, kowa ya zuba wa dukiyar ido tun mai ita yana numfashi. Wannan shi ne ainihin fagen da rikicin kyauta ke tsirowa: uba mai rai, 'yan uba masu zargin juna, da alkawarin da ake yi yau a janye gobe. Wasan ya gane wani abu da littattafai da yawa suka kasa ganewa, wato uba ma yana da hannu a rikicin da zai bari, domin yakan mai da dukiya linzamin juya 'ya'ya. Amma da yake barkwanci ne, an mai da kowane ɗa hali guda mai tafiya da ƙafa biyu, wannan mayaudari, wancan wawa, waccan mafaɗaciya. Muna dariya saboda mun tabbata ba mu ne ba. Rikicin gado na gaske kuwa ba ya barin mutum ya tsaya a gefe yana dariya, don yakan tarar da kansa a ciki yana ganin shi ne mai gaskiya.

Abin da fiƙihu ya ajiye wa marubuci

Abin mamaki shi ne kayan aikin da marubutanmu ke bukata suna cikin littattafan da ake karantawa a zaurukan unguwanninmu. A mazhabar Malikiyya, wadda kotunan shari'a na Kano ke bi, kyauta ba ta kammala sai da hauzi, wato wanda aka bai wa ya karɓi abin ya shiga hannunsa. Risala ta Ibn Abi Zaid ta bayyana cewa idan mai kyauta ya rasu kafin a karɓa, abin ya koma gado. Asalin wannan hukunci yana cikin Muwaɗɗa ta Imamu Malik: Sayyidina Abubakar ya yi wa 'yarsa Nana A'isha kyautar dabino daga gonarsa ta Gaba, ba ta kai ga girbewa ba har ciwon ajali ya kama shi, sai ya sanar da ita cewa yanzu dukiyar ta magada ce. A dubi wannan fage da idon marubuci. Uba ne mai ƙaunar 'yarsa, 'ya ce mai biyayya, babu azzalumi ko ɗaya, amma kyauta ta warware saboda jinkiri.

Hukuncin yana da rassa, kowane reshe kuma labari ne. Idan ɗan ƙarami ne, riƙon uba yana tsaya masa matsayin karɓa, muddin an kafa shaidu. Idan gidan da uban yake zaune ne, sai ya fita daga ciki kafin kyautar ta tabbata. Uba yana iya janye kyautar da ya yi wa ɗansa matuƙar ɗan bai yi aure ko ya ci bashi a kan ƙarfinta ba. Kyautar da aka yi a ciwon ajali hukuncin wasiyya take ɗauka, ba ta wuce sulusi, ba a kuma yin ta ga magaji sai sauran magada sun yarda. Wanda ya ga bare yana amfani da filinsa shekara goma ya yi shiru ba tare da uzuri ba, da'awarsa ta raunana, amma tsakanin 'yan'uwa malamai sun tsawaita wa'adin zuwa kimanin shekara arba'in, saboda sun san kunya da kara suna hana ɗan'uwa magana. Ga kuma hadisin Nu'umanu ɗan Bashir, wanda mahaifinsa ya keɓe shi da kyauta, mahaifiyarsa ta nemi a kafa Manzon Allah (SAW) shaida, shi kuwa ya ƙi shaidar abin da ba a yi wa sauran 'ya'ya ba. Malaman da suka tsara waɗannan hukunce-hukunce sun san halin ɗan Adam a cikin gida fiye da yadda yawancin labaranmu suka nuna sun sani.

Zan kawo misali daga danginmu, don a ga yadda waɗannan rassa ke aiki a jikin mutane. Kakana yana da gona a gabashin Kawaji. Wata rana ya faɗa a gaban maƙwabtansa biyu cewa ya bai wa 'yarsa, gwaggona, ɓangaren da ke wajen rijiya. Aure ya kai ta wani gari. Baffana ya ci gaba da noma gonar duka, shi ne taki, shi ne haraji, shi ne jinyar tsohon har ya rasu. Kowace kaka yakan aika wa ƙanwarsa dami biyu na gero, shekara kusan talatin bai fasa ba. Shaidun nan biyu suka bi kakana. Da gari ya iso aka fara maganar yanka fulotai, 'ya'yan gwaggo suka ce damin nan biyu galla ce, wato abin da mai aron gona ke kai wa mai ita, don haka baffa da kansa ya yi shekara talatin yana shaida cewa wurin nata ne. 'Ya'yan baffa suka ce zumunci ne kawai irin na wa da ƙanwa, kyautar kuma ba a taɓa karɓarta ba, saboda haka gado ce, gwaggo tana da rabin rabon namiji. Sai wata tambaya ta taso wadda babu mai amsarta: a ranar da aka yi maganar, gwaggo yarinya ce a gaban ubanta, ko ta riga ta yi aure? Tazarar shekara ɗaya tana iya juya hukuncin. Na san mutanen nan duka, babu maƙaryaci a cikinsu, babu wanda ya je wurin boka. An yi sulhu a ƙarshe, an raba, amma gidajen biyu sun daina halartar sunan juna. Ban taɓa karanta ƙagaggen labarin Hausa da ya tsaya a kan dami biyu irin waɗannan ba.

Yadda wasu suka yi

Wasu adabobin sun nuna cewa ana iyawa. A Arrow of God na Chinua Achebe (1964), Umuaro da Okperi suna jayayya a kan fili. Ezeulu ya kafa hujja da abin da mahaifinsa ya gaya masa, cewa ƙasar ta Okperi ce. Nwaka ya miƙe ya ce shi nasa mahaifin wani abu daban ya gaya masa. Achebe bai aiko da tsawa ta raba gardama ba, ya bar maganar uba ta kara da maganar uba, ya kuma nuna abin da gaskiyar Ezeulu ta jawo masa a wurin mutanensa. A Faransa, Émile Zola ya buɗe La Terre (1887) da tsoho Fouan yana raba gonarsa ga 'ya'yansa uku tun yana da rai, bisa sharaɗin su riƙa ba shi abin masarufi. Zola ya zaunar da mai karatu a ofishin mai rubuta yarjejeniya, ana ciniki a kan kowane abin da tsohon zai ci, kuma daga wannan zama ne duk masifar littafin ta tsiro. Shakespeare ma, a King Lear, kyautar ƙasa ya ɗauka, wadda uba ya yi da sharaɗin a furta masa ƙauna. A duka ukun, marubucin ya san ƙa'idar da ke tafiyar da ƙasa a wurinsa, ya kuma bar ƙa'idar ta matse taurarinsa har halinsu ya fito.

Abin da za a iya cewa

Mai kare marubutanmu zai ce adabi ba darasin fiƙihu ba ne, kuma mai karatu, musamman matar da aka taɓa zalunta, tana bukatar ganin sakayya ko da a takarda ce. Zai ƙara da cewa mugun baffa ba ƙage ba ne, akwai masu cin dukiyar marayu, akwai matan da ake hana tumunin takaba, akwai 'yan'uwa mata da ake cewa su bar gona a hannun maza. Duk wannan gaskiya ne, kuma littattafan da marubuta mata suka fitar daga Kano tun shekarun 1980 sun cancanci yabo don sun fito da waɗannan koke-koke fili a lokacin da ba a son jin su. Ba ina neman a cika labari da babin hukunci ba. Abin da nake cewa shi ne sakayyar da ke saukowa daga sama tana sauke wa marubuci nauyin da ya kamata ya ɗauka. Idan azzalumi zai haukace a shafi na ƙarshe, ba a bukatar a san ko an karɓi kyautar, ko su wa suka shaida, ko me ya sa gwaggo ta yi shiru shekara talatin. Shirun nan kuwa shi ne labarin. A cikinsa ake ganin kunya da kara da matsayin 'ya mace a gidan ubanta, da yadda alheri ke zama hujja a kotu bayan mai shi ya mutu.

Akwai kuma illa ta biyu. Labarin da ya koya mana cewa rikicin gado aikin miyagu ne yana sa kowane uba ya ɗauka gidansa ya tsira, tunda 'ya'yansa na kirki ne. Da wannan zato ne dattijo ke nuna fili da sanda ya ce na wance ne, ya ƙi rubutawa don kada a ce bai yarda da 'ya'yansa ba. Adabin da ya nuna masa gida irin nasa yana rushewa ba tare da mugu ko ɗaya ba, shi ne zai iya sa shi ya kira shaidu, ya rubuta, ya kuma damƙa wa mai shi tun yana da rai.

Kammalawa

Kitsen Rogo ya ga birni amma bai ga ranar da birni zai cinye gona ba. Alhaki Kuykuyo Ne ya ga ikon da mallakar gida ke bayarwa, sai ya miƙa hukunci ga gobara. Gidan Badamasi ya ga hannun uba a cikin rikici, ya tsaya a dariya. Kowannensu ya riƙo wani ɓangare, kuma ina ganin marubucin da zai haɗa su yana da kayan aiki a kusa da shi. Masana'antu da yawa a Bompai da Sharaɗa da Chalawa sun rufe, amma farashin ƙasar da ke kewaye da su bai sauko ba, kuma jikokin manoman da suka yi kyauta da baki su ne ke zaune a bencin kotu yau. Marubucin da ke son wannan labari ya je ya zauna tare da su na 'yan makonni, ya saurari yadda alƙali ke tambayar wa ya shuka, wa ya girbe, wa ya gani, ya kuma lura da fuskar dattijuwar da aka ce ta rantse a kan ɗan'uwanta. Daga nan ya koma ya rubuta baffan da ba mugu ba ne, da gwaggon da ba maƙaryaciya ba ce, ya bar mai karatu ya kwana yana tunanin wanda zai bai wa gaskiya.